An cire sunayenmu bayan mun ci jarrabawa: yadda muka bi ta kotu

Sanarwar da hukumar ɗaukar malaman sakandare ta jiharmu ta buga a jarida ba ta da wani lungu. Ana neman malaman kimiyya da lissafi da Turanci, sharuɗɗan kuma huɗu ne: digiri a fannin koyarwa, ko digiri ko HND (babbar diflomar kwalejin fasaha) a darasin da mutum zai koyar haɗe da PGDE (diflomar koyarwa da ake yi bayan digiri ko HND), rajista da TRCN, hukumar da ke yi wa malamai rajista, takardar kammala bautar ƙasa ko ta yafewa, sai kuma shekaru, kada su haura 35 a ranar da za a rufe karɓar takardu. Na bi su ɗaya bayan ɗaya da biro, duk wanda na cika in yi masa alama. Babu wanda ya rage. A lokacin shekarata 34.

HND gare ni a fannin fasahar ɗakin gwaje-gwaje, ɓangaren fiziks. Shekara takwas ina koyar da wannan darasi a wata makarantar kuɗi. A cikin shekarun na yi PGDE a Cibiyar Horar da Malamai ta Ƙasa, NTI, karatun ƙarshen mako, na kuma zauna jarrabawar kwamfuta da TRCN ke shirya wa malamai, aka yi mini rajista aka ba ni lasisi. Na faɗi wannan ne don a san ba ta bayan gida na nemi shiga aikin koyarwa ba. Dokar da ta kafa TRCN a 1993 ita ta ba hukumar ikon tantance wanda za a kira malami a Nijeriya, kuma ta tantance ni.

Muka yi jarrabawar hukumar, jerin farko ya fito, sunana na ciki. Aka kira mu intabiyu, aka ce kowa ya koyar na minti goma a gaban kwamiti. Na je da batir biyu da ɗan ƙwan tocila da waya a aljihu, na haɗa su a kan tebur, na nuna yadda hasken ke ƙaruwa idan aka ƙara batir na biyu, daga nan na shiga dokar Ohm a kan allo. Wata dattijuwa a cikin kwamitin ta taso daga kujerarta ta zo ta taɓa wayar da hannunta, ta ce, “Malam, haka kake yi wa yara kullum?” Na ce mata duk ranar da akwai batir. Na fito daga ɗakin nan zuciyata fes.

Bayan mako shida jeri na biyu ya fito, na waɗanda za su je tantance takardu su karɓi ofa. Na duba daga sama har ƙasa, na sake dawowa daga ƙasa zuwa sama. Babu ni. Washegari na je ofishin. Jami'in da ke kan teburin bai ɓoye mini komai ba, ya ce, “Malam, ba faɗuwa ka yi ba. Umarni ne ya zo daga sama, an ce masu HND a ajiye su gefe.” Na ce ranka ya daɗe, ai sanarwarku ce ta kira mu. Sai ya juyo mini da kwamfutarsa. A shafin hukumar na intanet sanarwar na nan yadda take, layi bisa layi, illa kalma ɗaya: an goge HND. Wanda bai ga ta farko ba zai rantse haka aka rubuta ta tun asali.

Abin da ya cece ni wata ɗabi'a ce da iyalina ke yi mini ƙorafi a kanta, wato tara takardu. Jaridar na nan a cikin jakata, da takardar shaidar cike fom da na buga ranar da na nema, wadda a ƙasanta aka jera sharuɗɗan kamar yadda suke a lokacin.

Cikin kwana uku muka gano juna. Aka buɗe zaure a WhatsApp, muka kai mutum sittin da ɗaya. Muka rubuta wa shugaban hukumar takardar koke, shiru. Muka kai ƙorafi Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a, wadda ke wannan aiki tun 1975, suka karɓe mu hannu biyu, suka rubuta wa hukumar suna neman bayani. Muna nan muna jiran amsa, ana ta ce mana a bi a hankali, kada a ɓata da manya, har wata 'yar'uwarmu mai koyar da lissafi ta ce akwai lauyar da ta sani mai shari'un ma'aikata, mu je ko shawara ce mu ji.

Barista ba ta bari mun gama labarin ba. Ta tambayi ranar da jeri na biyu ya fito, ta jawo kalandar da ke kan teburinta ta fara ƙirga da yatsa. Ta ɗago ta ce, “Malamai, mako bakwai kuka ci.” Ta bayyana mana cewa akwai dokar kare jami'an gwamnati, ta tarayya da kuma irinta a jihohi, wadda ta ce duk mai ƙarar jami'in gwamnati kan abin da ya yi a bakin aikinsa, ya shigar da ita cikin wata uku. Rubuta koke ba ya tsayar da wannan agogo, komai yawan takardun da ka aika. Ga shi dokar da ta kafa hukumar da za mu kai ƙara ta ce sai an ba ta sanarwar wata guda kafin a maka ta a kotu. In ka haɗa mako bakwai da wata guda, abin da ya rage mana bai cika mako biyu ba. A daren nan ta rubuta sanarwar, da sassafe muka kai, muka tsaya sai da aka buga mana hatimin karɓa da kwanan wata a kan kwafinmu.

A zama na biyu ta zubar mana da rabin hujjojin da muka zo da su, abin kuma ya yi mini ciwo. Mun zo da sashe na 42 na kundin tsarin mulkin 1999, muna cewa an nuna mana wariya. Ta ce mu karanta shi da kyau: ya hana wariya saboda ƙabila, asalin gari, jinsi, addini ko ra'ayin siyasa, bai ambaci irin takardar makarantar da mutum ke riƙe da ita ba. Mun zo da maganar dokar soke bambanci tsakanin HND da digiri. Ta ce Majalisar Tarayya ta amince da ƙudurin a 2021, amma ba a sa masa hannu ba, kuma ƙudurin da bai zama doka ba alƙali ba zai ɗora hukunci a kansa ba. Ta ƙara da wadda ta fi ɗaci, cewa mai ɗaukar aiki yana da ikon ya ce digiri kaɗai yake so, kuma da tun farko haka suka rubuta, da ba ta karɓi aikinmu ba. Sannan ta ɗaga jaridar nan tawa ta ce, “Wannan ce shari'arku. Su suka kira ku da bakinsu, kuka amsa, suka gwada ku, kuka ci. Ba za mu roƙi kotu ta ce HND daidai take da digiri ba. Za mu roƙe ta ta riƙe su a kan maganarsu.”

Na kwana biyu ban saki jiki da wannan ba. Ni so nake a wanke mu gaba ɗaya, a faɗa a gaban kowa cewa ba mu gaza kowa ba. Daga baya na gane cewa wanda ya ɗauko kaya fiye da ƙarfinsa a kotu, da shi da kayan ake zubarwa.

Da aka zo sa hannu aka ga ainihin yawanmu. Barista ta ce ana iya shigar da ƙara a madadin kowa, amma tana son duk wanda za a wakilta ya ba da izini a rubuce. Nan zauren ya yi tsit. Wani ya ce duk wanda ya kai gwamnati ƙara an rufe masa ƙofar aiki har abada. Wani ya ce kawunsa ya yi masa alkawari. Abokina na kusa, malamin kemistiri, wanda muka yi PGDE tare muna hawa babur ɗaya, ya kira ni ya ce, “Ɗan'uwa, ka yi haƙuri, surukina ya ce kada in sa sunana, zai yi magana da wani.” Ban ga laifinsa ba, yana da 'ya'ya huɗu. Daga sittin da ɗaya muka koma goma sha bakwai, mu muka yi karo-karo muka biya kuɗin rajista da na lauya.

Haɗa takardu ya fi komai cin rai. A Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ba a shigar da ƙara hannu rabbana a ce shaida na tafe. Takardar ƙara da bayanin shaidu na rantsuwa da duk takardun da za a dogara da su tare ake miƙa su. Jaridar da nake taƙama da ita, Barista ta ce in je reshen Ɗakin Karatu na Ƙasa a fito da kwafinsu a buga masa hatimin tabbatarwa, don kada a ce daga aljihuna ta fito. Hotunan shafin intanet da muka ɗauka, na kafin gogewa da na bayanta, sai da aka haɗa su da takardar shaida kamar yadda sashe na 84 na dokar shaida ta 2011 ya tanada: wace waya ce ta ɗauka, tana aiki lafiya a lokacin, wa ke amfani da ita. Wanda ya ɗauki hoton farko wani matashi ne a cikinmu, ya riga ya sayar da wayar, amma Allah ya sa ya tura hoton zaurenmu a ranar, da kwanan wata a jikinsa. Muka yi layi gaban jami'in rantsuwa, kowa ya sa hannu a bayaninsa. Ranar da magatakardan kotu ya buga mana lambar shari'a, saura kwana biyar wata ukun su cika.

Lauyan gwamnati bai fara da taɓa zancen HND ba. Ƙalubalantar hurumin kotu ya yi. Ya ce mu ba ma'aikata ba ne, masu neman aiki ne, babu wata yarjejeniya tsakaninmu da hukumar, don haka kotun ma'aikata ba wurinmu ba ne. Ya ce lokaci ya ƙure, domin a lissafinsa agogo ya fara ne daga ranar da aka yanke shawarar a cikin ofis. Ya ce kuma cin jarrabawa ba ya ba kowa haƙƙin a ɗauke shi.

Ina zaune a benci na biyu lokacin da Barista ta miƙe. Ta karanto sashe na 254C, wanda gyaran kundin tsarin mulki na 2010 ya shigo da shi, ta tsaya a kan faɗin kalmominsa: duk abin da ya shafi aiki ko yake da alaƙa da shi, har da rashin adalci a harkar ƙwadago. A kan lokaci, ta ce mutum ba ya ƙarar abin da aka ƙulla a bayan ƙofa sai ranar da ya bayyana, kuma daga ranar fitar jeri muna cikin wa'adi. Ta ambaci hukuncin Kotun Ƙoli a shari'ar da wasu suka yi da hukumar rabon arzikin ƙasa, inda aka ce dokar wata uku ba ta hawa kan yarjejeniyar aiki, amma ta riga ta gaya mana a ofis cewa ba za ta jingina da shi kaɗai ba, tunda akwai hukunce-hukuncen da suka biyo baya da suka bi wata hanyar. Shi ya sa ta yi ta gudu da mu tun ranar farko.

Sai ta ɗauko wata shari'a daga Indiya, kasancewar dokar kotun ta ba ta damar duba yadda ake yi a sauran duniya a harkar aiki. A watan Nuwamba na 2024, alƙalai biyar na Kotun Ƙolin ƙasar sun yanke cewa sharuɗɗan cancanta da aka sanar a farkon ɗaukar ma'aikata ba a sauya su a tsakiyar tafiya, sai idan ƙa'idar aikin ko ita sanarwar ta ba da wannan dama tun farko. Ba ta ɓoye ɗaya rabin hukuncin ba: shiga jerin waɗanda aka zaɓa ba ya wajabta a ba mutum aiki, sai dai gwamnati ba za ta hana shi haka kawai ba tare da dalili ba. Ta ce, “Ya Mai Shari'a, ba mu ce a ba su aiki ba. Mun ce a maido su inda aka tsame su, a auna su da ma'aunin da aka shelanta.”

Akwai abu ɗaya da muka yi gardama a kansa sosai a tsakaninmu. Wasunmu sun so a nemi kotu ta dakatar da ɗaukar malaman gaba ɗaya har a gama shari'a. Ni ban goyi baya ba, Barista ma haka. Na san makarantun da ɗaliban ajin ƙarshe ke shiga jarrabawar WAEC da NECO ba su taɓa ganin malamin fiziks ba. Ɗaruruwan da aka zaɓa ba su yi mana komai ba, yaran kuma balle. Muka nemi a keɓe gurabe goma sha bakwai kawai, lauyan gwamnati ya yi alkawarin hakan a gaban kotu, aka rubuta.

A takardar rantsuwar da wani darakta ya shigar daga baya ne muka ga dalilinsu. Ya ce karatun HND ya fi karkata ga aikin hannu, kuma darussan babbar sakandare na bukatar zurfin nazari irin na jami'a. Ba zan ce maganar banza ba ce. Ni kaina lokacin da na fara koyar da ɓangaren ƙwayar zarra sai da na koma na zauna da littattafai, domin abin da aka ba mu a makaranta bai isa ba. Kuma duk wanda ya ga abin da ya faru a Kaduna a 2017, lokacin da malaman firamare 21,780 suka faɗi jarrabawar gwaji, ya san dalilin da ya sa gwamnatoci ke tsaurarawa a bakin ƙofa. Ina goyon bayan a tsaurara. Amma jarrabawar da suka ba mu su suka tsara ta, tambayoyi iri ɗaya muka amsa da masu digiri a ɗaki ɗaya, kuma akwai masu digirin da muka wuce. In suna ganin jarrabawar ba ta auna zurfin ba, sai su gyara ta a zagaye na gaba, su faɗa wa kowa tun kafin ya sayi fom.

Daga nan sai jira. An ɗage sau ɗaya saboda lauyansu ya nemi ƙarin lokaci, sau ɗaya saboda an sauya shi da wani, sannan dogon hutun kotu na shekara ya shigo. Duk ranar zama sai na nemi izini a makarantar da nake, ana kuma cire mini kuɗin ranar. A cikin wannan jiran na cika 35, na wuce.

Da aka dawo, alƙali ya ce zai haɗa batun hurumi da ainihin shari'ar ya yanke su lokaci guda, amma ya tambayi ɓangarorin biyu ko sun gwada sulhu. Ya tura mu cibiyar sasanci ta kotun. Ɗaki ne ƙarami, tebur ɗaya, babu rigar lauya babu mumbari, kuma a nan na fara zama fuska da fuska da daraktan da ya rubuta takardar nan. Dattijo ne, tsohon malami. Ya ce mini, “Malam, ni ban san ku ba, takarda aka kawo mini.” Na ce, “Ranka ya daɗe, shi ya sa muka zo ka gan mu.”

Zama uku muka yi. Sun yarda su maido da sunayenmu matakin tantance takardu, da makin da kowa ya samu. Mu kuma muka janye neman albashin watannin da suka wuce. Barista ta ce da wuya kotu ta ba mutum albashin aikin da bai fara ba, kuma in muka nace, ko mun yi nasara za a tafi Kotun Ɗaukaka Ƙara, wadda ita ce ta ƙarshe a irin wannan shari'a, a ƙara shekaru. Sun nemi a rubuta cewa hukumar na da ikon sa sharaɗin digiri kaɗai a sanarwar gaba, muka amince, don dama nasu ne. Inda aka kusa watsewa shi ne shekaru. Daftarin da suka kawo cewa ya yi za a tantance mu “bisa sharuɗɗan sanarwa”, shi ke nan. Barista ta ajiye bironta ta ce ba za mu sa hannu ba sai an ƙara cewa shekarun da za a duba su ne na ranar rufe karɓar takardu. Mu biyar ne muka haura 35 a lokacin shari'ar. Ba don wannan layi ɗaya ba, da an maido mu ta ƙofa an fitar da mu ta taga, kuma da hannunmu muka sa. Sai da aka tashi aka koma aka yi waya da na sama kafin su yarda.

Aka kai yarjejeniyar gaban alƙali, ya karanta, ya tambayi kowane ɓangare ko da yardarsa, ya mayar da ita hukuncin kotu. Wata goma sha huɗu ke nan daga ranar da na nemi sunana na rasa. Muka karɓi kwafi mai hatimi muka kai hukumar, bayan mako biyar aka kira mu tantancewa.

Mu goma sha uku muka karɓi ofa. Biyu makinsu na intabiyu bai kai ba, kuma sun karɓi hakan. Ɗaya ya riga ya samu wani aikin. Ita kuwa 'yar'uwarmu mai lissafi, wadda ta kai mu wurin Barista, an samu saɓani tsakanin ranar haihuwar da ke takardar sakandarenta da ta katin ɗan ƙasa, har yanzu tana kan gyarawa, gurbinta na ajiye.

An tura ni wata makarantar karkara. A ɗakin gwaje-gwajen na tarar da akwatuna uku na kayan aiki da ba a taɓa yanke igiyarsu ba, saboda babu wanda zai yi amfani da su. Ni da ɗalibai muka buɗe su a makon farko.

A makon ne abokina malamin kemistiri ya zo wurina ya yi mini murna, sannan ya tambaya ko hukuncin ya shafe shi. Na kira Barista a gabansa na sa ta a sifika. Ta ce, “Malam, ka yi haƙuri, yarjejeniyar waɗanda sunansu ke cikin ƙarar kaɗai ta ɗaure, wata ukun kuma sun daɗe da wucewa.” Sabuwar sanarwar hukumar ta fito bayan wata biyu, digiri kaɗai aka rubuta a ciki. Shekarunsa yanzu 37, ya yanki fom ɗin karatun digiri na ƙarshen mako, yana nan a makarantar kuɗin da muka fara tare.